Gangar Noma a Kona

A daminar da Maman Sani ya ajiye ganga ya koyo ɗaukar silima a Yamai, Uwani ta same shi a tashar Tasawa yana jiran motar garinsu Kona, da kamera a cinyarsa.

"Baba ya yarda," in ji ta, idonta a ƙasa. "Ya ce tunda ka bar kiɗa ka zama ma'aikaci, ka turo manya."

Ya yi murmushi, ita ba ta yi ba.

"Amma kada ka je Kona. Ya ji za ka ɗauki tsohonka a silima yana yi wa ƴan gayya kiɗa a gonar gujiya. Ya ce ba za a haska uban surukinsa a bango yana dukan fata ba."

Maman Sani ya daɗe yana shafa murfin kamera.

"Hannun tsoho ya fara rawa, Uwani. Baɗi ba lalle ya iya rataya ganga ba. Ki ce wa Baba na gode, amma zan je."

"Ko da za ka rasa ni?"

Ya ɗago ya dube ta, ya rataya kamera a wuya.

Mota ta iso. Uwani ta waiwayi rumfar mahaifinta da ke bakin tashar, inda yake zaune yana kallonsu. Sai ta sunkuya ta ɗauki ƙafafun da ake kafa kamera a kansu ta ɗora a ka.

"Wuce in raka ka mota," in ji ta. "Da ka ce ka fasa, ni ma da na fasa."