Ruwan da ke Ƙarƙashin Dutse

Kai da kake ƙorafin aikinka ya ƙi ƙarewa, zauna ka ji misalin wani mahaƙin rijiya.

Garinsu a gindin wani dutse yake, inda rijiyoyi kan ƙafe tun rani bai yi nisa ba, mata su yini a hanyar rafi. A jikin dutsen akwai kogo mai rassa kamar saiwar gamji, wanda ya sha haɗiye awaki har da masu nemansu. Amma duk wanda ya kara kunne a bakinsa yakan jiyo wani amo can ƙasa, kamar ruwa na rera waƙa. Mutumin nan ya ƙudura sai ya san hanyoyin kogon. Yakan shiga da fitila da igiya, yana shafa farar ƙasa a bango duk inda hanya ta rabu. In man fitilar ya kai rabi sai ya juyo, ya zauna a inuwa ya zana abin da ya gani a kan fatar akuya. Ya ga zauren da duwatsu ke rataye a rufinsa kamar hantsar saniya. Ya ga bango mai ƙyalli, sai ka ce taurari ne suka shigo hutawa.

Wata rana ya iso wata 'yar tsaga, ƙarar ruwa na bayanta, kusa ƙwarai. Ya cusa kai. Sai harshen fitilar ya ƙanƙance, wani barci mai daɗi ya fara saukar masa, ya ga kamar marigayiya mahaifiyarsa na miƙo masa ƙwarya cike da ruwa. Har ya miƙa hannu, sai zuciyarsa ta ce masa: iskar da ta kasa riƙe wuta ba za ta riƙe rai ba. Ya ja da baya da rarrafe, hawaye na zuba.

"Ka je bakin ruwa ka dawo mana da ƙishi?" in ji mutanen gari. Wani mafarauci mai ji da ƙarfi ya yi masa dariya, ya bi farar ƙasar har tsagar, ya kutsa. Har yau ba a ga ko takalminsa ba.

Mahaƙin ya shafa wa wurin jar ƙasa alamar haɗari, ya koma neman wata hanya, reshe bayan reshe. Sai da furfura ta cika masa gemu sannan ya sauka wata gangara mai iska, fitilarsa ta haska wani tafki kwance, shiru, fararen kifaye na yawo a ciki kamar mafarki. Ya durƙusa ya sha. A ranin nan aka ga mata na fitowa daga cikin dutse, tuluna na tsiyaya a kafaɗunsu.

Shi ya sa masu iya magana suka ce, sannu ba ta hana zuwa, sai dai a daɗe ba a je ba.