Hannun Mahauci

Ludomir Sowa ya cusa safa da reza a jaka, kamar yadda kowa a birnin Łódź yake yi in takardar kira ta zo daga ofishin tace rubutu. Maƙwabcinsa ma haka ya fita wata safiya, sai bayan shekara uku ya dawo, baki ba haƙori.

Shekara ashirin yana rubuta labaran fim, bai taɓa taka ofishin ba. Bronka, matarsa, ita ke buga rubutun a tafireta, ita ke kaiwa, ita ke dawowa da shi jina-jina da jar tawada. Duk layin da ya shafi gwamnati an datse shi. Sai ta sake bugawa, fim ya fito. Mai tacewar kuwa, da bai taɓa gani ba, Ludomir ya raɗa masa suna Mahauci.

A irin ranakun nan barszcz take dafa masa, jar miyar da ke rina mata yatsu.

"Allah ya karya hannun Mahauci," yakan ce.

"Sha miyarka, Ludek, kafin ta huce. Kana da rai dai, ko?"

A Nuwamba aka binne ta. Gidan ya yi tsit, har tafiretar ta yi ƙura. Da baƙin ciki ya ishe shi, ya zauna da yatsa biyu ya buga sabon labari, na ma'aikatan da sojoji suka buɗe wa wuta, ya miƙa wa mai gadin ofishin da kansa. Kwana shida, takarda ta zo.

A ofishin aka tura shi ɗaki na sha huɗu. Mai tace rubutun, wani tsamurarren dattijo mai tari, Gajda, ya kulle ƙofa kafin ya zauna.

"Na ji rasuwar uwargida. Allah ya ba ka haƙuri." Ya buɗe rubutun. "Shafi na tara kaɗai ya isa a ɗaure ka. Ban tura sama ba tukuna. Me ya same ka, Malam Sowa? Kwalba ka kama?"

Ludomir ya ƙanƙame jakarsa. "Ka yanka mana. Ai ka saba."

"Na saba da me? Da kai nake ba yara misali. Rubutunka tas yake zuwa kamar an wanke, ko waƙafi ban taɓa cirewa ba." Ya tura masa takardun. "Ka sa a murhu. Ban gani ba, ba ka rubuta ba."

Ya zaro alƙalami ya sa hannu a takardar fita. Koriyar tawada ce, irin wadda ke kan kowane teburi a ginin, babu ja ko ɗaya.

Ludomir ya daɗe yana kallonta. Hannun da ya shekara ashirin yana roƙon Allah ya karya, shi ne wanda ya binne a Nuwamba, da zoben aurensu a yatsa.