Kwat ɗin Baban Amarya

Janet tana juya baƙar kwat ɗin mijinta a tukunyar rini, Mordecai yana tsaye a kanta.

"Maman Christabel, auren 'yarmu ne fa. In ta yi zuba a gaban surukai, kin gama da ni."

"Koɗewa kawai ta yi. Rinin nan daga Sabon Gari na sayo, mai kyau ne."

Ran Asabar cocinsu na Samaru ya cika maƙil, sai aka ɗauke wuta. Mordecai ya raka amarya gaban fasto, ya dawo yana zufa. Nan Janet ta hango baƙin ruwa yana gangarowa kan farar rigarsa ta ciki.

Ya shafa wuya, ya ga yatsunsa baƙi ƙirin.

"Kin gani ko? Sai da na faɗa miki!"

Ta goga hankici a kwat ɗin, ya fito fari tas. Ta bi sawun ruwan da ido har bayan kunnensa. Furfurar jiya babu ko ɗaya.

"Baban Christabel," ta raɗa masa, "nawa rinin ya kama. Ragowar tukunyar ce ka tsoma kanka a ciki?"