Rumbun da Gilmau Ba Ta Leƙa Ba

Tunda misali kake so, ga shi. Akwai ƙasar da fatake ba su taɓa sauke kaya a cikinta ba, mutanenta farin wata suke bauta wa. A wurinsu mace ce, sunanta Gilmau, kuma ba ta da haƙuri. Idan suka ga ta fara ramewa har ta ɓace daga sama, sai su ce yaji ta yi, domin wani gida ya ɓoye mata abin da ya noma. Maganin kuwa sananne ne. Sarkin tsafi zai shiga ɗakin gunki ya fito da sunan mai laifi, a je a ɗauke jinkar rumbunsa a bar hatsin a buɗe, don Gilmau ta leƙa ta gani da idonta, ta huce. Ba a mayar da jinkar sai an ga jinjirin wata. Tun kaka da kakanni maganin nan bai taɓa ƙin ci ba, da an ɗauke jinka sai ta dawo. Babu wanda ya taɓa gwada barin jinkar a wurinta ya ga abin da zai faru, don mutanen kirki ne, ba sa son yawan tambaya. Sun dai lura Gilmau ba ta cika fushi da gidan da ke aika dami ɗakin tsafi ba, amma sun ɗauka dace ne.

Da rani abin ba ya ciwo sosai, rana da tsuntsaye kaɗai ke shiga. Sai wata shekara, a tsakiyar marka, tsohon hatsi ya kusa ƙarewa sabo bai nuna ba, sunan wani manomi ya fito. Shi ne bai aika dami ba, domin ɗan abin da ya rage a gindin rumbunsa shi ne tuwon 'ya'yansa har kaka. Ya durƙusa, ya roƙi a bari ruwa ya ɗauke. Sarkin tsafi ya ce ai Gilmau ba ruwanta da damina. Maƙwabtansa, waɗanda yake sa hannu a akushi ɗaya da su, su suka riƙe tsani. Ya tsaya a tsakar gida yana kallon ruwa na zuba cikin rumbunsa kamar ana cika randa. Matarsa ta kwashi abin da za ta iya a bakin zane, aka ce ta mayar, kwasa ma ɓoyewa ce. Ba a daɗe ba geron ya tsira a kan zangarniya, ya yi baƙi, har kaji suka ƙi shi. Manomin bai yi kuka ba, bai zagi kowa ba.

Ranar tsayuwar wata ta zo, hadari ya rufe yamma ruf, ba a ga komai ba. Washegari ma haka. Sarkin tsafi bai saba maganinsa ya yi jinkiri ba, sai ya ce ashe masu laifin da yawa. Ya fito da wani suna, aka ɗauke jinka. Ya sake fitowa da wani. Waɗanda suka riƙe tsani jiya, yau aka riƙe musu. Gari ya cika da warin ruɓaɓɓen hatsi, rumbuna duk sun buɗe baki sama kamar 'ya'yan tsuntsu a sheƙa, Gilmau kuwa ko ƙeyarta. Rumbu ɗaya ya rage da jinkarsa, ƙaton nan na bayan ɗakin tsafi, inda dammunan da mutane ke aikawa suke kwance a bushe. Manomin ya saɓa tsani, ya ratsa taron masu jiran wata, ya jingina shi a jikin rumbun. Sarkin tsafi ya daka masa tsawa, ya ce wannan na Gilmau ne. Manomin ya juyo, idonsa jawur, ya ce, "Ranka ya daɗe, kai ka koya mana in ba ta dawo ba, to akwai rumbun da ba ta leƙa ba. Nawa ta leƙa har ta yi wanka a ciki. In wannan nata ne, me ake ɓoye mata?" Babu wanda ya hana shi. Masu riƙe tsani ma sai da suka yi wa tsanin yawa.

Aka tura jinkar ta faɗo, ruwa ya sauko kamar da bakin ƙwarya, ya wuni yana yi. Da yamma, kamar yadda sama ta saba idan ta juye abin da ke cikinta, gari ya washe. Ga Gilmau nan a sarari, har ta soma ƙiba. Mutane suka dube ta, suka juyo suka dubi sarkin tsafi. Bai iya cewa maganin ƙarya ne ba, don da shi ya ajiye tumbi. Bai iya cewa gaskiya ne ba, sai da aka buɗe nasa ta fito. Ya tsaya cikin taɓo jiƙe sharkaf, dammunansa na shan ruwa a bayansa. Geron manomi bai dawo ba, 'ya'yansa rama da tafasa suka ci har kaka. Sai dai a shekarar nan sarkin tsafi ma ya san ɗanɗanon tafasa, an ce bai yabe ta ba. Ai Hausawa sun riga sun faɗa: tsuntsun da ya ja ruwa, shi ruwa kan doka.