Hoton da Musbahu Bai Ɗauko Ba

Ana tashi daga aiki Bara'atu ta tare Musbahu a ƙofar kamfaninsu na roba a Sharaɗa. Jiya ya dawo daga Finland, inda aka tura shi koyon sabon inji. Kafin tafiyarsa ya nemi izinin turo magabatansa, ta ce sai ta yi tunani.

"Ina hoton koren hasken saman da ka yi mini alkawari?"

Ya sunkuyar da kai. "Ban ɗauko ba."

"Ba ka je ba ke nan?"

"Na je. Ɗan jagora ya kai mu bayan gari da daddare, dusar ƙanƙara har gwiwa. Da hasken ya keto, kowa ya ɗaga waya. Ni kuwa sai na cire safar hannu na hau addu'a, jagoran yana ta faɗa saboda tsananin sanyi. Kafin in shafa, hasken ya wuce."

Ta dubi yatsunsa, duk sun tsattsage. "Me ka roƙa haka?"

Ita kawai ya kalla.

Ta gyara mayafinta, ta kau da kai. "Baba yana gida ranar Asabar. Kuma ka riƙa shafa man kaɗanya."