Takabar Hansatu

Tun da yaƙin kan iyaka ya yi tsanani, gwamnati ta daina kawo gawar soja gida. Sai dai ta ba iyalinsa 'yar rediyo mai magana da muryarsa.

Hansatu ta ɗauki tata ta nufi zauren liman.

"Allah gafarta Malam, in shiga takaba ko kuwa? Kullum mijina Ilu yakan tashe ni sallar asuba, ya ce ƙasa tana gode mini. Jiya har tuwo na zuba masa."

Liman ya buɗe baki zai amsa. Sai ga muryar ɗansa daga aljihun rigarsa: "Baba, ka ci abinci kuwa?"

Ya dafe aljihun.

"Je ki gida, Hansatu. Ni ma har yau ban sallaci nawa ba."