Ƙeyar Gado

Uwar mijin ta laluba ƙoƙon kan jaririn tun daga maɗiga har ƙeya, kamar mai zaɓen kankana a kasuwa.

"Wannan doguwar ƙeya dai ba ta gidanmu ba ce," ta ce.

Mai jego ta dubi mijinta, jarumin maza, ya duƙufa yana nazarin takalminsa.

Sai yayar uwar mijin, tsohuwar da ake zaton ta ruɗe, ta shafa kan.

"Ikon Allah, ta ubansa sak! Ƙanwata, kin manta wahalar da muka sha muna danne tasa da tsumma mai ɗumi, don kada mijinki ya tuna da maƙwabcinku?"